Daga Portsmouth Zuwa Gaɓar Kwara: Ziyarar Tsofaffin Jiragen Yaƙin Ingila

Jirgin ƙasan da ke tashi daga tashar Waterloo a Landan zuwa Portsmouth ba ya ajiye fasinjansa na ƙarshe sai ya kai inda ƙasa ta ƙare. Tashar kanta a kan ginshiƙai aka gina ta, ruwan teku na kai da komo a ƙarƙashinta. Tafiyar awa ɗaya da rabi ce da 'yan kai. Ni da ɗan ƙanwata da ke karatu a Landan muka sauka da hantsi, iska mai sanyi da warin gishiri na dukan fuskokinmu, sai ga wani baƙin jirgin ruwa dogo a gabanmu, da turaku uku da bututun hayaƙi biyu.

"Kawu, wannan ne jirgin Nelson?"

Na ce masa a'a, wannan Warrior ne, na Nelson, shahararren kwamandan sojan ruwan Ingila, yana can ciki. Muka bi ta babbar ƙofar ma'aikatar jiragen, wadda har yau wani ɓangarenta sansanin sojan ruwa ne mai aiki, muka wuce tsofaffin rumbunan jan bulo, muka nufi Victory, jirgin Nelson.

Wanda ya saba ganin hoton Victory da turakunsa da igiyoyinsa zai ɗan yi turus. Gyara ake masa na shekaru, an sauke turakun, an kewaye shi da ƙarafa da rumfa, domin ruwan sama da wani ƙwaro mai cin katako sun daɗe suna yi masa ɓarna. Ni dai hakan bai rage mini komai ba. Gyaran ne ma ya sa mutum ke ganin haƙarƙarin jirgin a fili, ya ga kaurin katakon da idonsa. A 1759 aka fara gina shi a Chatham, aka sa shi a ruwa a 1765, kuma an kiyasta cewa itatuwa wajen 6,000 aka sare dominsa. Tun 1922 yake zaune a wannan busasshen rami. Akwai matakalar da ake bi a sauka har ƙarƙashinsa, inda sandunan ƙarfe 134 ke tallafe da cikinsa. Har yanzu sunansa na cikin jerin jiragen rundunar sojan ruwan Birtaniya masu aiki, kuma babu jirgin yaƙi a duniya da ya kai shi daɗewa a irin wannan jeri.

Shiga cikinsa sai da sunkuyo. Rufin kowane hawa gajere ne, kuma duk hawan da ka sauka sai ya ƙara gajarta, haske ya ƙara raguwa. Igwa 104 yake ɗauke da su a zamaninsa. Waɗanda ke hawan ƙasa su ne manya, kowace na harba dunƙulen ƙarfe mai nauyin kilo 14 da rabi. Yawancin waɗanda ake gani yau kwaikwayo ne marasa nauyi, don kada tsohon katako ya gaza. A tsakanin igwa da igwa mutane ke cin abinci, a kan wani allo da ake ratayewa da igiya, a samansu kuma suke kwana a gadon ƙyalle mai lilo. Faɗin wurin da aka yanka wa kowane mutum inci 14 ne. Na gwada da tafin hannuna, bai kai faɗin kafaɗar babban mutum ba. Abin da ya sa lissafin ke fita shi ne rabin mutanen na bakin aiki a sama yayin da rabi ke barci. Mutum 820 da 'yan kai ne a cikin jirgin ranar yaƙin Trafalgar, wanda Ingila ta gwabza da Faransa da Sifaniya a teku a 1805, kuma ba duka ne suka zo da son ransu ba. A wancan zamani hukuma na da ikon tura 'yan kame su damƙo ma'aikatan jiragen kasuwa a bakin teku, a sa su aikin soja dole. Wanda ya yi laifi a ɗaure shi a gaban kowa, a tsula masa bulala mai baki tara.

Daga nan muka hau zuwa bayan jirgin, inda ɗakunan Nelson suke. Tagogi ne jere daga wannan gefe zuwa wancan, ga dogon teburin cin abinci mai sheƙi, ga kujeru. 'Yan taku kaɗan ne tsakanin wannan ɗaki da wurin inci 14. Ɗan ƙanwata ya yi shiru yana dubawa, can ya ce, "Kawu, ashe ko a kan ruwa akwai masu gari da talakawa."

Akwai kuwa, amma hafsan sojan ruwan Ingila ba a kan gado ya tsinci muƙaminsa ba, kuma wannan ne ya bambanta shi da takwaransa na sojan ƙasa, wanda a lokacin ke iya sayen muƙami da kuɗi. Yaro ne ake kawowa jirgi yana ɗan shekara 12 ko 13, ya yi shekara shida a teku, ya koyi lissafin taurari da sarrafa igiya da iska, sannan ya zauna gaban kyaftin-kyaftin su yi masa jarrabawar zama laftanar. Sanin manya na taimakawa, babu shakka. Shi kansa Nelson, wanda aka haifa a 1758, kawunsa ne kyaftin ɗin jirgin da ya fara shiga yana da shekara 12. Amma jirgi irin wannan ba ya tuƙuwa da sunan uba. Kuma hafsoshin ba sa ɓuya ranar yaƙi. Nelson ya rasa ganin idonsa na dama a tsibirin Kosika a 1794, aka yanke masa hannun dama bayan harin Tenerife a 1797. Sai dai kar a manta da kuɗi: in aka kama jirgin abokan gaba aka sayar, kashi ɗaya cikin huɗu na kyaftin ne shi kaɗai, ƙananan sojoji ɗari-ɗari kuma su raba wani kashi ɗaya cikin huɗun a tsakaninsu.

A saman jirgin akwai ƙaramin allon tagulla a ƙasa, daidai inda Nelson ya faɗi ranar 21 ga Oktoba, 1805. Jiragen Ingila 27 ne suka tunkari na Faransa da Sifaniya 33. Wani mai bindiga daga saman turken jirgin Faransa mai suna Redoutable ne ya harbe shi a kafaɗa, harsashin ya ratsa har ƙashin baya. Muka bi hanyar da aka bi da shi zuwa can ƙasa, hawan da ke ƙarƙashin ruwa, inda likitan jirgin, William Beatty, ke yanke hannuwa da ƙafafu da hasken fitila, ba allurar kashe zafi. Nan ya cika wajen ƙarfe huɗu da rabi na yamma, bayan Hardy, kyaftin ɗin jirgin, ya tabbatar masa an yi nasara. Maziyarta kan yi cirko-cirko a wannan kusurwa suna magana ƙasa-ƙasa. Ni hankalina ya fi tafiya kan sauran mutum 50 da 'yan kai da suka mutu a jirgin a ranar, da 102 da suka jikkata. Gawar Nelson a ganga aka sa ta cikin barasa aka kai ta gida aka yi mata jana'izar sarakuna, su kuwa teku aka ba.

Bayan mun ci abinci mun yi salla, muka koma wajen Warrior. A nan ne na fi daɗewa, domin a ganina wannan jirgi da zamaninsa sun fi shafar mu.

Shekara 55 kacal ke tsakanin Trafalgar da ranar da aka sa Warrior a ruwa a Disamban 1860, amma kamar duniya biyu ce. Faransa ce ta fara yin jirgin katako mai sulken ƙarfe, La Gloire, a 1859, Ingila ta mayar da martani da jirgin da gangar jikinsa gaba ɗaya ƙarfe ce. Tsawonsa mita 128, kusan ninki biyu na Victory. Sulkensa ƙarfe ne mai kaurin inci huɗu da rabi, a bayansa katako mai kaurin inci 18. Igwa 40 kawai gare shi, amma babu jirgin katakon da zai iya tsayawa gabansu. A ciki mutum na tafiya a miƙe. Yana da ƙyallayen iska kamar na kakanninsa, yana kuma da inji, domin kwal ɗin da yake ɗauka, tan 850, ba zai kai shi nesa ba. In za a yi tafiya da iska zalla sai a tara ɗaruruwan mutane su ja farfelar su fito da ita daga ruwa.

Muka sauka ɗakin wuta. Tukwanen tururi goma ne, da bakunan murhu 40, a jere hagu da dama cikin duhu. Na tuna zafin da ke bugun mutum in ya tsaya bakin tandar gidan burodi a watan Afrilu, sai dai masu hura wutar jirgin ba su da ƙofar da za su leƙa su sha iska. Awa huɗu suke yi suna ɗibar kwal da shebur suna watsawa a wuta, zafi na wuce digiri 40. Albashinsu ya fi na masu jan igiya, kuma sun cancanta. Abin da ya ba ni haushi shi ne jin yadda tsofaffin hafsoshi suka daɗe suna raina injiniyoyi, suna ganinsu 'yan ƙwadago masu baƙin mai a hannu, alhali ran jirgin na hannunsu. Warrior bai taɓa harba igwa a yaƙi ba. Cikin shekara goma da 'yan kai sababbin jirage suka wuce shi, daga baya ya yi shekara 50 a matsayin dandamalin shan mai a Wales, kafin a gyara shi a dawo da shi Portsmouth a 1987.

Da la'asar muka shiga ƙaramin jirgin fito zuwa Gosport, tsallaken 'yan mintoci. Dalilin zuwana shi ne ginin tsohon asibitin sojan ruwa na Haslar, wanda ya fara karɓar marasa lafiya a 1753, aka rufe shi a 2009. A nan wani likitan sojan ruwa ɗan Sikotilan, William Balfour Baikie, ya yi aiki kafin a tura shi kogin Kwara. Muna tafe a bakin ruwa nake warware wa ɗan ƙanwata zaren.

Bayan Birtaniya ta haramta fataucin bayi a 1807, ita da ta fi kowa jigilarsu a ƙarni na 18, sai ta kafa rundunar jirage a gaɓar Afirka ta Yamma a 1808. Zuwa 1860 rundunar ta kama jiragen bayi wajen 1,600, ta 'yanta mutum kimanin 150,000, akasarinsu aka sauke su a Freetown ta Saliyo. Samuel Ajayi Crowther, wanda daga baya ya zama bishop, na cikinsu, a 1822. Wannan alheri ne, ba na musu, kuma sojojin ruwa da yawa zazzaɓi ya kashe a kan wannan aiki. Amma jiragen nan dai su ne suka yi wa Ikko ruwan wuta a Disamban 1851, suka kori Sarki Kosoko suka ɗora Akitoye a kan sarauta, kuma jirgin yaƙin Prometheus na tsaye a bakin garin lokacin da Sarki Dosunmu, ɗan Akitoye, ya sa hannu ya miƙa Ikko a Agustan 1861. Hannun da ya kwance sarƙa shi ne ya karɓe ƙasa, ban ga dalilin faɗar ɗaya a ɓoye ɗaya ba.

Jirgi irin Victory ba zai taɓa shiga Kwara ba, ya yi zurfi, kuma iska ba ta hawa da jirgi gāba da ruwan kogi mai lanƙwasa. Tururi ne ya buɗe hanyar. Ko shi ma da farko sauro ya tare ta: a tafiyar 1841, wajen kashi ɗaya cikin uku na Turawan da suka shiga kogin sun mutu. Sai a 1854 Baikie ya jagoranci jirgin Pleiad ya hau Binuwai, yana ba mutanensa kwinin kullum, ya dawo ba a rasa ran kowa ba. A 1857 ya koma da jirgin Dayspring, dutse ya fasa shi kusa da Jabba. Baikie bai koma gida ba. Ya zauna a Lakwaja, ya yi hulɗa da Sarkin Nufe Masaba, ya koyi Hausa har ya yi rubuce-rubuce da ita, ya kuma je Kano a 1862. A Freetown ya rasu a 1864, a hanyarsa ta komawa Ingila.

A cikin waɗanda Dayspring ya fashe da su akwai wani laftanar na sojan ruwa, John Hawley Glover. Shi ne ya zama mai riƙe da mulkin Ikko, kuma a 1863 ya haɗa wata ƙaramar runduna ta mutum 18, masu jin Hausa, waɗanda da dama cikin irinsu bayi ne da suka gudo daga iyayen gijinsu. Hausawan Glover ake ce musu.

Ɗan ƙanwata ya tsaya cak. "Kawu, ba su ne ake cewa asalin sojan Nijeriya ba?"

Su ne. Rundunar sojan ƙasa ta Nijeriya daga waɗannan mutum 18 take ƙirga tarihinta, kuma hafsan ruwa ne ya kafa ta. Shekara goma bayan haka, a 1873, Glover ya ɗebi Hausawan nasa ya nufi Gwalkwas, wato Gana ta yau, ya ƙara ɗaukar wasu a Ankara, babban birninta a yau, don yaƙin Asante. Sun isa Kumasi a Fabrairun 1874, 'yan kwanaki bayan Janar Wolseley na Birtaniya ya ƙone garin ya juya. A 1879 aka kafa wa Gwalkwas tata rundunar Hausawa, kuma tsofaffin sojojinta na cikin waɗanda suka zauna a zangunan Ankara da Kumasi, tare da fataken goro da suka daɗe da sanin hanyar.