Tarihin Rayuwar Alec Douglas-Home, Kashi na 4: Rawanin da Ya Tuɓe da Hannunsa

Makon jiya mun rabu da Alec, ɗan siyasar Birtaniya da ya zama firaminista daga baya, ya miƙe daga jinyar tarin fukan da ya kama masa ƙashin baya, wanda ya kwantar da shi rigingine kusan shekara biyu cikin filasta. Ya sha kaye a mazaɓar Lanark a 1945, ya ƙwato kujerarsa ta majalisar wakilai a 1950. Bai gama ɗumama ta ba sai ga saƙon rasuwar mahaifinsa, a watan Yulin 1951.

Ranar da uban ya cika, ranar Alec ya zama Earl na Home na 14, wato mai riƙe da sarautar gado ta gidansu. Ba a tambaye shi ko yana so ba. A tsarin masu sarautar Birtaniya, babban ɗa namiji ne ke ɗaukar sarautar, kuma a al'ada shi ke riƙe gida da filaye dunƙule, don kada dukiyar zuri'a ta tarwatse. Mu da muka tashi muna ganin malami ya zauna ya raba gado, ya ba kowane ɗa da kowace 'ya rabonsu, wannan tsari yana yi mana nauyi a zuciya. Ni dai har gobe ban ga adalcinsa ba.

Gidan da ya gada shi ne Hirsel, kusa da garin Coldstream, a kudancin Sikotland dab da iyakar Ingila. Zuri'ar tana da wani katafaren gidan a Douglas, amma wannan bai iso hannunsa a tsaye ba. A shekarun 1930, lokacin da rashin aikin yi ya gallabi mutanen yankin, mahaifinsa ya yarda a haƙo kwal a ƙasarsa kusa da gidan don talakawa su samu abin sawa a bakin salati. Ramukan suka ci ƙarƙashin ginin, ƙasa ta fara zaftarewa, dole aka rushe shi a 1938. Dattijon ya rasa gidan kakanninsa saboda cikin maƙwabtansa, kuma ina ganin wannan hali yana cikin abin da ɗan ya gada.

Sai dai sarautar ta zo da sharaɗi mai ɗaci: a wancan zamanin mai riƙe da ita ba ya zama a majalisar wakilai. Haka Alec ya bar kujerar da ya sha wahala kafin ya dawo da ita, ya koma majalisar dattawa, inda ba ƙuri'a ke kai mutum ba. Muƙamai kam ya samu daga firaministoci uku a jere. Churchill ya ba shi ƙaramin minista a ofishin harkokin Sikotland, Eden ya ba shi harkokin ƙasashen Kwamanwel a 1955, Macmillan ya naɗa shi ministan harkokin waje a 1960. Amma kowa ya ɗauka ƙofar firaminista ta rufe masa har abada, tunda ba ya cikin majalisar wakilai.

Wanda ya buɗe ta ɗan adawa ne. Tony Benn na jam'iyyar Leba ya gaji sarautar mahaifinsa a 1960, aka raba shi da kujerarsa ta Bristol. Ya sake tsayawa, jama'a suka sake zaɓensa, aka hana shi shiga zauren. Bai haƙura ba har aka yi dokar 1963, wadda ta ba mai sarautar gado damar ajiye ta na tsawon rayuwarsa. Watanni kaɗan bayan haka Macmillan ya kwanta asibiti, ya yi murabus, ya ba Sarauniya Elizabeth shawarar ta kira Alec ya gaje shi.

Ya zama firaminista ranar 19 ga Oktoban 1963. Ranar 23 ga watan ya sa hannu a takarda, ya tuɓe rawanin da zuri'arsa ta riƙe fiye da shekara 350, ya koma Sir Alec Douglas-Home. Kimanin mako biyu yana mulkin ƙasa ba shi da kujera a kowace majalisa, sai da ya ci zaɓen cike gurbi a Kinross da Yammacin Perthshire a watan Nuwamba. Ba kowa ya yi murna ba: Iain Macleod da Enoch Powell, 'yan jam'iyyarsa, suka ƙi aiki da shi. Harold Wilson, shugaban jam'iyyar Leba, ya yi ta yi masa gorin zama Earl na 14, shi kuma ya mayar masa cikin sanyin murya cewa ai shi ma, in an duba, Malam Wilson na 14 ne.

Cikin gida ma abin ya taɓa su. Matarsa Elizabeth, 'yar shugaban makarantar Eton da ya koyar da shi, wadda ya aura a 1936, ta sauka daga matsayin matar Earl. 'Ya'yansu huɗu ne: Caroline, Meriel, Diana, sai auta David. Dokar ba ta kashe sarautar ba, ta jingine ta ne kawai. Da Alec ya rasu a Hirsel a 1995, ta tsallake yayyen mata uku ta sauka kan autan, ya zama Earl na 15.

Mako mai zuwa, in Allah ya kai mu, za mu shiga cikin shekara guda da ya yi a gida mai lamba 10 a titin Downing, wato gidan firaminista, da zaɓen Oktoban 1964 da Wilson ya kayar da shi da ƙyar.