Madam, allurar nan za ta sa ni ƙiba?

Tambayar da na fi ji a ɗakin tazarar haihuwa ba ta addini ba ce, ba kuma ta miji ba ce. Waɗannan biyun mace takan gama da su tun a gida kafin ta yafa mayafi ta taho. In ta zauna gabana ta gyara goyonta, abin da take fara tambaya shi ne: “Madam, allurar nan za ta sa ni ƙiba, ko ramar da ni za ta yi?” Ni ungozomar likita ce a nan Tawa, kuma gaskiya nake gaya musu: allurar wata uku, Depo-Provera, takan ƙara wa wasu mata ƴan kilo, wasu kuma ba ta canza su. Sai ka ga fuskar matar da ta taho daga ƙauyukan Adar ta washe, har ta miƙo hannu. Wadda ta yi karatu a Yamai kuwa, da waya a hannunta, sai ta ɓata rai ta ce a ba ta wani abin daban. Magani ɗaya, magana ɗaya, amma kowace da abin da kunnenta ya ji.

A makarantar koyon aikin lafiya lissafi guda aka koya mana. A auna nauyin mutum da kilo, a raba shi da tsawonsa sau tsawonsa a ma'aunin mita. In ya yi ƙasa da 18.5 ya rame, in ya kai 25 nauyinsa ya yi yawa, in ya kai 30 ƙibarsa ta zama abin dubawa a likita. Asalin lissafin na wani masanin ƙididdiga ne ɗan Beljiyam, Adolphe Quetelet, tun shekarun 1830, kuma ba don duba marasa lafiya ya yi shi ba, matsakaicin mutumin Turai yake nema. Sai a 1972 wani Ba'amurke, Ancel Keys, ya farfaɗo da shi, daga baya Hukumar Lafiya ta Duniya ta kafa iyakokin da muke aiki da su. Ba na raina wannan ma'auni, kullum da shi nake aiki. Amma macen da tsawonta mita 1.60 ne, da ta kai kilo 64 ta taka layin 25. A unguwarmu wannan mace yanzu ma aka fara cewa ta ɗan murje. In na ce mata ta rage, uwarta za ta ce wace irin likita ce wannan da ba ta son alheri ga ƴar mutane.

Mu a nan jiki magayi ne. Amarya in ta yi wata uku a ɗakinta aka kawo ta ganin gida, jikinta ake fara karantawa kafin a saurari bakinta. In ta cika, ta yi fes, sai a ce aure ya karɓe ta, mijin ya iya riƙo. In ta zube, ba wanda zai tambaye ta komai a fili, amma kowa ya gama lissafinsa: ko ba ta ƙoshi, ko kishiya ta hana ta sakat, ko surukar ce ba ta da daɗin zama, ko kuma, Allah ya tsare, tarin fuka ne ko sida. Ramar mace tonon asirin gida ne. Haka nan jego. Kwana arba'in ɗin nan na wanka, da kunun kanwa, da gasasshen nama mai yaji, duk don mai jego ta fito da jikin da zai nuna an kula da ita ne. Maƙwabtanmu Zabarmawa har gasar ƙibar mata suke da ita da suke kira hangandi.

Arewa da mu abin ya wuce haka. Wata masaniyar halayyar al'umma mai suna Rebecca Popenoe ta zauna cikin Larabawan Azawak, wajajen Cintabaradan, a wannan jiha tamu, littafinta ya fito a 2004. Ta bayyana yadda ake fara yi wa yarinya ɗura da madara da kunun hatsi tun lokacin da ta fara famfara, ana tsare da ita sai ta shanye, har jikinta ya cika ya tsattsage, tafiya ta yi mata nauyi. Abin da ya burge ni a aikinta shi ne ba ta tsaya ga cewa al'ada ce kawai ba. Ta nuna yadda dukiyar maza, wato dabbobi da nononsu, take komawa jikin mata, yadda zaman mace wuri ɗaya ba kai-komo yake nuna ita ɗiyar gida ce da ake yi wa aiki, da yadda ɗurar take gaggauta balagar yarinya a idon mutane don a aurar da ita. Nakan ga irin waɗannan mata in an turo su daga arewa da naƙuda mai wuya. Nemo jijiya a hannunsu ma aiki ne. Fahimtar dalilin abu ba yarda da shi ba ne, kuma ni ban yarda a matse wa yarinya ƴar shekara shida yatsu don ta haɗiye kunu ba. Sai dai wanda bai san abin da ɗurar take nufi ga uwar yarinyar ba, ba shi da ta inda zai fara yi mata magana.

Kakata takan ce jikin mace rumbunta ne. Ta ga yunwar 1973 da 1974, ta ga ta 1984 da ake kira El-Buhari, kuma ta san su wa suka fara faɗuwa. Mu ma mun ga 2005, lokacin da aka cika cibiyoyin tamowa a Maraɗi da Tawa da Damagaram, aka zo da tsiririn awo mai launi ana ɗaura wa yara a damtse, ja in bai kai milimita 110 ba (yanzu 115 ne), ana raba musu Plumpy'Nut, wato haɗin gyaɗar nan na maganin tamowa. Har gobe muna wannan awo. To a gidan likita guda, a ƙofa ta farko muna yi wa uwa murna don ɗanta ya ƙara nauyi, a ƙofa ta biyu muna yi mata faɗa don ita ta ƙara. Mu mun san bambancin. Ita kuwa ba wanda ya zauna ya yi mata bayaninsa.

Inda abin yake ƙona mini rai shi ne ƙwayoyi. Da can ƙiba sai mai nono da hatsi da hutu. Yanzu da ƴan daloli yarinya za ta samu a tiren masu tallar magani a kasuwa. Iri biyu ne suka fi yawo. Akwai siforohebtadin, maganin ƙaiƙayi da borin jini ne, amma yana buɗe ciki yana kawo barci. Akwai kuma dekzametazon, wanda ya fi haɗari nesa ba kusa ba. Shi wannan ba ƙibar lafiya yake kawowa ba. Ruwa yake tarawa, ya kai kitse fuska da ƙeya da ciki, ƙafafu da hannuwa kuwa su sirance. Yana ɗaga hawan jini, yana tayar da ciwon suga, yana cinye ƙashi, yana raunana garkuwar jiki. Kuma wadda ta daɗe tana sha, in ta bari rana ɗaya tana iya faɗuwa, domin jikinta ya daina sarrafa nasa sinadarin, dole sai an janye mata shi sannu a hankali a hannun likita. Akwai wata yarinya da aka kawo mini awon ciki na fari, fuskarta ta kumbura ta yi zagaye, jininta ya hau. Surukarta na gefe tana cewa, “Madam, kin ga yadda muka riƙe ta.” Sai da na fitar da tsohuwar da dabara, na ce, “Inna, ɗan ba mu wuri in duba ta,” sannan yarinyar ta kwance bakin zane ta nuna mini ƙwayoyin. Tun kafin biki ƙawayenta suka ba ta, don kada dangin miji su ce an kawo musu ƙashi.

Ga can sama kuma ana wani lissafin da jikin wannan yarinya. Ƙidayar 2012 ta ce mu miliyan 17 ne da ƴan kai, muna ƙaruwa da kashi 3.9 cikin 100 a shekara. Binciken lafiya na wannan shekarar ya ce mace guda a Nijar tana haihuwar ƴaƴa 7.6, babu ƙasar da ta kai mu. Kashi 76 cikin 100 na ƴan mata an aurar da su kafin su cika 18, matan aure masu amfani da hanyoyin tazarar haihuwa na zamani kuwa kashi 12 ne kawai a lokacin. Binciken 2021 ya nuna adadin haihuwar ya sauko zuwa 6.2. Maganar rage yawan haihuwa ba sabuwa ba ce. Janar Seyni Kunce ya yi ta a Matamai tun 1985, aka yi manufar ƙasa kan yawan jama'a a 1992, aka mai da maganin tazarar haihuwa kyauta a 2006, aka buɗe makarantun mazaje a jihar Damagaram don wayar da kan magidanta kan lafiyar matansu, aka shiga ƙawancen Wagadugu na ƙasashen Afirka ta Yamma kan tazarar haihuwa a 2011. A 2017 har shugaban Faransa Emmanuel Macron ya tsaya a taron manyan ƙasashe a Jamus yana maganar ƙasashen da mace ke haihuwar bakwai zuwa takwas, kowa kuma ya san da wa yake.

Amma akwai adadi guda a binciken 2012 da ba a cika ambatonsa a tarurruka ba. Da aka tambayi mata ƴaƴa nawa suke so, amsar ta haura 9. Maza suka ce kusan 11. Wato matan nan ba su kai ma inda suke so ba. Duk shirin da aka gina kan cewa mata na son su rage, magani ne kawai bai iso gare su ba, ya kauce wa wannan amsa. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. A binciken 1992, cikin yara 1000 da aka haifa, 318 ba sa kai shekara biyar. A 2012 ya sauko zuwa 127, kuma wannan babban aiki ne. Sai dai matan da ke ba ƴan matan yau shawara su ne waɗanda suka binne ɗaya cikin uku. Ba fansho, ba inshora, gona ta hannu ce, maza suna tafiya bida Abijan da Libiya su bar gida sai wanda aka haifa. Wanda duk ya ce wa irin wannan uwa ta tsaya a huɗu, sai ya gaya mata wa zai riƙe ta ranar da ƙarfinta ya ƙare.

Wata masaniyar, Caroline Bledsoe, ta yi aiki a ƙauyukan Gambiya a shekarun 1990, ta gano abin da ya rikita masu lissafi: mata da yawa suna karɓar allurar ne ba don su daina haihuwa ba, sai don su huta, musamman bayan ɓari ko haihuwa mai wuya, ƙarfinsu ya dawo su ci gaba. A ganinsu ba shekaru ke tsufar da mace ba, wahalar haihuwa ce ke cinye ƙarfin da Allah ya ba ta, don haka sai ta yi tattalinsa. Da na karanta wannan sai na ji kamar a ɗakina ta zauna. Matanmu hutu suke nema. Suna tsoron kwanika, kada ciki ya shiga ana shayarwa, na goye ya lalace, uwa ta ƙare, a yi ta da ita a unguwa. Shi ya sa tambayar ƙiba take zuwa farko. In allura ta ƙara mata jiki, to ta tabbata hutun ya karɓe ta, kuma ba wanda zai zargi komai. In ta ramar da ita, ko ta riƙa ganin ɗigon jini da ke rikita mata salla da azumi, ko al'ada ta ɗauke gaba ɗaya ta fara tunanin jinin yana taruwa a cikinta, to ba za ta dawo ba, kuma za ta gaya wa mata goma. A takardarmu sai a rubuta ta daina, ba gurbin rubuta dalili.

Ni ina goyon bayan tazara, ba na ɓoyewa. Na ga mahaifa ta fashe a haihuwa ta tara, na ga ƴar shekara goma sha huɗu da yoyon fitsari. Ina son ƴan mata su zauna makaranta har jikinsu ya gama ginuwa. Abin da nake ƙi shi ne a aiko mana da adadin matan da ake so mu sa wa maganin ƙarƙashin fata kafin ƙarshen wata, ba a aiko mana da lokacin da za mu zauna da kowace mu gaya mata cewa jinin ba taruwa yake ba, cewa bayan barin allura ciki yakan yi jinkirin wasu watanni, cewa ranar da ta so a cire mata abin hannunta za a cire ba gardama. Mace in ta ga an gaya mata gaskiya kan kilo biyu, takan yarda da mu ranar da muka ce ƙwayar kasuwa guba ce.

Sannan akwai waɗanda lissafin ya gama da su. Macen da ta wuce 49 ta fita daga teburin masu ƙidayar haihuwa. Ita ce Hajiyar da ta haifi goma, ta yi jego goma, ta sha ƙwayar ƙiba a ƙuruciya, yanzu ga shinkafa da taliya da mai da shayi mai suga sun maye gurbin fura, gwiwoyi sun ƙi, jini ya hau, suga ya kama. Lokacin da take haihuwa allura kyauta ce, awo kyauta ne, har gida ake bin ta. Yanzu maganin hawan jini da na suga ita za ta saya duk wata, in ɗanta na Abijan ya aiko. In bai aiko ba sai ta raba ƙwaya biyu, ko ta bari sai kai ya yi ciwo. Irinsu sukan leƙo ɗakina in sun rako surukai awo, su ce, “Ɗiyata, ɗan auna mini jinin nan.” Ina aunawa, in rubuta musu a ƴar takarda, in tura su wajen likita, amma a rajistar da nake cikewa duk wata babu layin da zan sa sunansu.