Kantar fursunonin yaƙi a shagon littattafan gwanjo

Littafin gwanjo ba ka zaɓensa, shi ke zuwar maka. Kwantena ce ke sauka a Legas, manyan diloli su fasa, mu ƙanana mu sari kwali-kwali, ba ka sanin abin da ka saya sai ka iso Kaduna ka yanke igiya. Rabin kwalin labaran soyayya ne da littattafan girki da ba wanda zai dafa abin da ke cikinsu a nan. Ribar tana cikin ɗan abin da ya rage, kuma sai mai ido ke ganinta.

A cikin wannan ragowar ne littattafan yaƙin basasar Amurka, wanda aka gwabza daga 1861 zuwa 1865, ke yawan fitowa. Amurkawa ba su gaji da rubutu a kan wannan yaƙi ba, ɗakunan karatunsu kuma kullum suna zubar da tsofaffin bugu. Na janar-janar da manyan fagagen daga ba sa kwana, hafsoshin da ke kwas a Jaji da ɗaliban makarantar horar da sojoji ta nan Kaduna na kwashe su. Na fursunonin yaƙi da sansanonin tsare su kuwa kasuwarsu a hankali take tafiya, amma mai nemansu ba ya taya su da wasa. Yawanci lauya ne, ko malamin tarihi daga Zariya, ko hafsan da aka ba aikin rubutu a kan dokokin yaƙi. Saboda su na ware kanta guda, kuma saboda su nake karanta kayan kafin in sa musu farashi.

Kusan duk littafin da ke kan kantar nan sai ya ratsa ta Andersonville. Sansani ne da 'yan Kudu masu neman ɓallewa daga Amurka suka buɗe a jihar Jojiya a watan Fabrairun 1864, don tsare sojojin Arewa, wato na gwamnatin tarayya, da suka kama. Fili ne kawai aka kewaye da gungumen itace, ba ɗaki ba rumfa, eka 16 da rabi da farko, daga baya aka faɗaɗa shi zuwa eka 26 da rabi. A watan Agustan wannan shekara mutum kusan 33,000 ne a ciki. Rafi ɗaya ya ratsa filin, shi ne na sha, shi ne na wanka, can gangarensa kuma ake bahaya. Abinci garin masara ne da aka niƙa har da totuwa, wanda ke yayyage hanjin mai gudawa. Atini da gudawa da cutar rashin ganye da 'ya'yan itace, mai kumbura dadashi ta zubar da haƙora, su suka yi ta kisa. Daga cikin katangar an ja wani ɗan shinge da duk wanda ya ƙetara, mai gadi zai harbe shi. Cikin wata 14 an tsare mutum kusan 45,000, kusan 13,000 suka mutu. Kwamandan wurin, Henry Wirz, haifaffen Suwizalan, an yi masa shari'a aka rataye shi a Washinton ran 10 ga Nuwamba 1865.

Idan mai saye ya ɗauki na Andersonville kaɗai, nakan ce masa, "Yallaɓai, haɗa da wannan," in miƙa masa na Elmira. Wannan sansanin Arewa ne, a jihar New York, inda aka tsare 'yan Kudu kimanin 12,000, kusan 3,000 suka mutu da sanyi da agana da ciwon huhu, wato kusan mutum ɗaya cikin huɗu. Kudu na iya cewa ita kanta yunwa take ji, jiragen ruwan Arewa sun toshe mata gaɓa, layin dogonta ya lalace. Arewa kuwa tana da abinci da barguna. A jimlace, sojojin Arewa kusan 30,000 ne suka mutu a hannun Kudu, na Kudu kusan 26,000 a hannun Arewa. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani, kuma haka marubutan ɓangarorin biyu suka yi shekara da shekaru. Wasu na zaton haɗa littattafan biyu da nake yi dabarar ƙara ciniki ce. Ban musa ba, ciniki nake yi, amma wanda ya rubuta takarda da littafi ɗaya malaminsa zai dawo masa da ita.

Kayan kantar iri uku ne, farashinsu ba ɗaya ba, amfaninsu ma haka. Akwai labaran da tsofaffin fursunoni suka rubuta da kansu, kamar na John McElroy da ya fito a 1879. Suna da daɗin karatu, suna da zafi, su ne kuma na fi gargaɗi a kansu. Da yawa an rubuta su shekaru bayan yaƙi, lokacin da tsofaffin fursunoni ke neman majalisa ta ba su fansho na musamman, siyasar Arewa kuma na cin riba da tuna muguntar Kudu. Wani ya kwafi wani, wani ya ƙara gishiri. Sai na malaman jami'a, waɗanda suka bi takardun gwamnati da rajistar asibiti. Na William Hesseltine na 1930 ya warware zargin cewa da gangan aka shirya kashe fursunoni, kuma ko a tsohon bugu ya zo ba na sakinsa da araha. Na ukun ƙagaggun labarai ne, babbansu na MacKinlay Kantor na 1955, wanda ya ci kyautar adabi ta Pulitzer. Katoto ne, yana cin wuri a kanta, kuma shi ya fi yawa a kwali.

Abin da lauyoyi ke nema shi ne dalilin da ya sa sansanonin suka cika. Da farko musayar fursunoni ake yi. A watan Yulin 1862 ɓangarorin suka ƙulla yarjejeniya mai jadawali, kurtu a bakin kurtu, hafsa a bakin kurata kaza gwargwadon muƙaminsa. Da Arewa ta fara ɗaukar baƙaƙen fata aikin soja, Kudu ta ƙi ɗaukar waɗanda ta kama a matsayin fursunonin yaƙi, ta ce bayi ne da za a mayar wa iyayengijinsu. A kan haka musayar ta rushe a 1863. A watan Afrilun shekarar gwamnatin Lincoln ta Arewa ta fitar da dokar yaƙi da masanin shari'a Francis Lieber ya tsara, wadda ta hana bambanta fursuna saboda launin fata, kuma dokokin yaƙi na duniya da suka biyo baya sun ɗebi abubuwa da yawa daga gare ta. Duk littafin da na ga yana da babi a kan wannan, sama yake hawa, nesa da hannun masu latse-latse.

Akwai kuma labarin Dorence Atwater, wani matashin fursuna da aka sa rubuta sunayen matattu a Andersonville, ya riƙa kwafar jerin a ɓoye ya fita da shi. Da wannan jeri shi da Clara Barton, mai jinyar sojoji a lokacin yaƙin, suka je a 1865 aka sa wa kaburbura suna, 'yan ɗaruruwa kaɗan ne suka rage ba a san masu su ba. Yaron shagona ya haddace wannan labari, da shi yake shawo kan masu saye idan ba na nan.

Aikin kansa ba na ado ba ne. Tsofaffin bugu takardarsu ta yi ja, tana karyewa. Damina na kawo danshi da gara, hunturu na busar da gam bango ya rabu da jiki. Kanta ba ta jingina da bango, ƙafafunta kuma ba sa taɓa ƙasa kai tsaye. Wanda ya kwance sai a kai wa mai ɗinkin littafi, kuma ina duba taswira da hotuna kafin in biya kuɗin ɗinki, domin littafin sansani da aka yage taswirarsa rabin kuɗinsa ya tafi. Tashin dala ya sa kwali ya yi tsada, ga masu zuwa su ɗauki hoton babi guda da waya su ajiye maka kayanka. Na daina faɗa da su, sai dai masu tsadar na sa su a leda.

Tambayar da aka fi yi mini ita ce, "Malam, ina namu?" Ana nufin yaƙin Biyafara, daga Yulin 1967 zuwa Janairun 1970. Gwamnatin Gowon ta fitar da ƙa'idar aiki ga sojojinta tun 1967 wadda ta ce a kula da fursunoni, amma littattafan da ke zuwa hannuna yawanci na kwamandoji ne, kowa na bayanin yadda ya ci gari. Na tsarewa kaɗan ne. Akwai na Wole Soyinka na 1972 a kan zamansa a kurkuku, mafi yawa a nan Kaduna, sai dai shi farar hula ne da gwamnati ta tsare, ba soja aka kama a fagen daga ba. Akwai na Elechi Amadi na 1973, wanda Biyafara ta tsare. Waɗannan ba sa fitowa daga kwalin Amurka. A gidajen tsofaffin ma'aikata da sojoji ake samunsu, idan magada sun tashi rage kaya, shi ya sa na bar lambata wajen dillalan kayan gida da ke unguwannin bayan bariki. Sharaɗina da su guda ne, kada a tsince mini, a kawo akwatin yadda yake, har da mujallu da takardun da ke ƙasansa.