Daga Sabon Gari zuwa Nsukka, garin Chimamanda

Motar dare na shiga daga Sabon Garin Kano. Gari ya waye mana bayan Lokoja, muka haye Kogin Kwara ta gadar Ajaokuta, muka bi ta Ejule har Obollo-Afor. Can na fara cin okpa, wani irin alala na garin gurjiya da manja, da zafinsa a cikin ganyen ayaba. Daga nan Nsukka ba nisa: jar ƙasa, tuddai, ƙura har cikin gashin ido.

Littafi ne ya kawo ni. Chimamanda Ngozi Adichie, wadda aka haifa a Enugu a 1977, a harabar Jami'ar Nijeriya ta Nsukka ta girma, a gidan da Chinua Achebe ya taɓa zama. Mahaifinta farfesa ne, mahaifiyarta kuma ita ce mace ta farko da ta riƙe muƙamin magatakardar jami'ar. A 2006 ta fitar da Half of a Yellow Sun, kan yaƙin basasar 1967 zuwa 1970, kuma a nan Nsukka tauraruwar littafin, Olanna, take zaune.

Duk Bakanon da ya karanta littafin ya san babin da ke tsaya masa a wuya: rikicin 1966 a Sabon Gari, da aka far wa 'yan ƙabilar Ibo. Abdulmalik, aminin kawun Olanna, yana cikin waɗanda suka hallaka iyalin. Mohammed kuwa, shi ma ɗan Kano, ya yafa mata gyale, ya ratsa da ita cikin tarzoma har tashar jirgin ƙasa. Wannan adalci nata ne ya sa na yarda da ita. Ba ta rufa mana asiri ba, ba ta kuma yi mana kuɗin goro ba. Marubuciyar da kakanninta biyu maza suka rasu a yaƙin, ta iya riƙe alƙalami haka, ai ta cancanci a yi tattaki dominta.

Na yini ina zagaya rukunin gidajen malamai, masu shingen furanni da inuwar bishiyoyi. Da la'asar wani dattijo mai gyaran takalma a bakin kasuwa ya ji ina waya, ya ɗago kai.

"Ɗana, daga Kano?"

"Daga Kano, Baba. Ina kuka koyi Hausa haka?"

A Sabon Gari aka haife shi. Yana yaro suka gudo a jirgin ƙasa, bai sake komawa ba. Littafin bai karanta ba, jikarsa ce ta ba shi labari. Ya tambaye ni ko har yanzu ana rini a Ƙofar Mata, na ce ana yi. Ya sa aka kawo mini kujera, muka yi ta lissafa unguwanni, Fagge, Gwammaja, Kurna, har motar Enugu ta cika ta bar ni, sai da na kwana.