Coci a cikin coci

Jiya na je Asisi a Italiya, sai na tarar da abin da ya ɗaure mini kai: wani ɗan ƙaramin coci na dutse zaune daram a tsakiyar katafaren cocin Santa Maria degli Angeli. Sunansa Porziuncola. Waliyyi Faransis, wani shahararren malamin Kirista ɗan garin Asisi, shi ne ya gyara shi da hannunsa a farkon shekarun 1200, kuma a kusa da shi ya rasu a 1226. Daga baya, a 1569, aka fara gina babban don ya kewaye shi, saboda yawan masu ziyara.

Babban ya sha ado, amma ni ƙaramin ya fi burge ni. Bangonsa na ciki duwatsu ne zalla, sun yi duhu, mutum kaɗan kawai yake ɗauka. Na daɗe tsaye a bakin ƙofa.