Mutumin da aka sa ya haƙa kaburburan 'yan uwansa

Daren jiya bayan isha'i na sake kallon fim ɗin gaskiya da Mahamat-Saleh Haroun ya shirya a 2016 kan mulkin Hissène Habré a Chadi. Shayina ya huce a gefen tabarma ban kurɓa ba. Wanda ya riƙe ni a fim ɗin shi ne Clément Abaifouta.

A 1985 jami'an DDS, 'yan sandan sirrin Habré, suka kama shi yana saurayi, yana shirin tafiya karatu Jamus. Shekara huɗu ya yi a tsare. Aikin da aka ɗora masa shi ne kwasar gawawwakin fursunonin da suka mutu, a loda su a mota, a kai Hamral-Goz a wajen Njamena, a haƙa rami a tura su. Ba wanka, ba likkafani, ba wanda ya tsaya a kansu. Mu da muke barin kasuwa mu bi gawar maƙwabci mun san nauyin wannan.

Da ya fito bai rufe bakinsa ba. Ya shugabanci ƙungiyar waɗanda aka zalunta, suka yi shekaru sama da 20 suna bin shari'a, har kotu a Dakar ta yanke wa Habré ɗaurin rai da rai ranar 30 ga Mayu 2016. Kwamitin binciken Chadi na 1992 ya ƙiyasta mutum 40,000 ne suka halaka.

Amma abin da ya fi tsaya min a rai shi ne zaman Abaifouta a gaban kyamara. Shi ke zuwa gidajen waɗanda aka azabtar, ya zauna kusa da su, ya yi tambaya a hankali, ya yi shiru. Kowa da tabonsa a jiki. Akwai ɗaurin da suke kira arbatashar, a haɗa hannuwa da ƙafafu ta baya a ɗaure har hannu ya shanye. Da baƙo ne ya zo da makirufo, ina jin da yawansu gaisuwa kawai za su yi masa su sallame shi. Shi kuwa sun san ya kwana inda suka kwana. Har wani tsohon jami'i ya zaunar wuri ɗaya da wanda ya sha azaba, kuma bai matsa wa kowa ya ce ya yafe ba. Wallahi wannan ya burge ni, don mun saba gaggawar ce wa wanda aka cuta ya yi haƙuri tun bai gama faɗar abin da aka yi masa ba.

A 2017 kotun ɗaukaka ƙara ta ce a biya mutum 7,396 diyyar CFA biliyan 82. Habré ya mutu a Dakar a Agustan 2021, a lokacin ko sisi bai kai hannunsu ba.