Sun zo kama mijinta, ta gayyace su cin abinci

Yau bayan La'asar abokin aikina ya ba ni labarin Le Chambon, wani ƙauye a Faransa, har yanzu abin na cin raina. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, Fasto André Trocmé da jama'arsa sun ɓoye Yahudawa, gwamnatin Vishi, wato gwamnatin Faransa da ta haɗa kai da 'yan Nazi na Jamus masu farautar Yahudawa, ta nemi sunayensu, ya hana. A Fabrairun 1943 'yan sanda suka zo kama shi. An gama dafa abincin dare, sai matarsa Magda ta ce su zauna a ci tare. Mutanen da suka zo tafiya da mijinta fa!

Ni 'yan sandan nake ta tunani. Su ma Faransawa ne, aiko su aka yi. Da ni ce a cikinsu, wallahi kunya ba za ta bar ni in haɗa ido da matar nan ba.